Baƙin Mai a Igiyar Jirgi

Ni kafinta ne. Duk wanda ya zauna Samaru a shekarun da wayar salula ta fara shigowa ya san shagona ko da bai san ni ba, domin ni ne mutumin da in ya zauna a bakin ƙofa sai an kunna fitila a ciki. Allah ya yi ni da jiki. Tela in zai auna ni sai ya kira maƙwabcinsa ya riƙe masa ɗaya bakin tef ɗin, masu acaɓa kuwa in suka hango ni tafe sai kowa ya tuna bai yi la'asar ba. Ban taɓa jin haushi ba. Wannan jikin ne ma ya haɗa ni da Baba, kuma labarinsa nake so in ba ku, ko da yake ni ne na ɓata shi.

Baba tsoho ne Kirista, mutumin kudancin Kaduna, yana haya a ɗaki ɗaya a bayan shagona. Siriri ne ƙwarai, in ya juya gefe sai ka nemi inda ya shiga. Matarsa ta rasu tun kafin in san shi. Da ƙuruciyarsa ya gudu Legas, ya samu aiki a jirgin ruwa, ya yi shekarun da shi kansa ya daina ƙirgawa yana yawo a teku. Abin da ya dawo da shi Zariya bai wuce buhu ɗaya ba, amma da wannan buhu ya ci abinci har tsufa.

A cikin buhun akwai fuli biyu da igiya. Ba irin fulin injin niƙa ba. Kowane ɗaya kamar ƙaramin akwatin katako ne, girman kan maraƙi, da ƙugiyar ƙarfe a gefe guda, a ciki kuma 'yan tayoyi uku a jere, kowace da kwari a bayanta inda igiya ke kwanciya. Ni da nake cin abinci da katako ban taɓa ganin irin wannan icen ba, baƙi wuluk, mai nauyi, ƙusa ma sai ta nemi izini kafin ta shiga. Baba ya ce wani tsohon shugaban ma'aikata ne ya bar masa su, mutumin da ya fara aiki tun zamanin jiragen da ba su da inji, waɗanda ake ɗaura wa manyan ƙyallaye iska ta tura su. A irin waɗannan jirage komai da igiya ake yi: ɗaga ƙyallen, sauke kaya, jawo ƙarfen da ke tsayar da jirgi. Shi bai riski zamanin ba, amma ya riski mutumin, a hannunsa kuma ya koya.

Igiyar ba ta kai fulin tsufa ba. Ita ce ta uku da ya saka musu, wani abokinsa a tashar jiragen ruwa ya aiko masa da ita, abokin kuma ya riga mu gidan gaskiya. Kaurinta ya kai babban yatsan ƙafata, wanda ba ƙaramin abu ba ne. Launinta ƙasa-ƙasa, da kaushi, da wani ɗan gashi-gashi da ke sukar tafin hannu.

Yadda abin yake aiki shi ne, a rataye fuli ɗaya a sama, a maƙala ɗayan a jikin kaya, igiya ta yi ta zarya tsakaninsu, hawa da sauka, har layi shida. Sai mutum ɗaya ya ja kamar mutum shida. Sai dai in kana so kaya ya hau taku ɗaya, dole ka jawo igiya taku shida, saboda haka aikin ba na mai gaggawa ba ne. Da wannan muka ɗora tankunan ruwa a saman gidajen hayar ɗalibai, muka hawar da janareto bene, muka zare injin mota daga cikinta. Mun taɓa fito da saniya daga tsohuwar rijiya a Unguwar Gabas, ta fito tana tuƙa kamar ba ita ba. In ni ke ba da labarin nakan ce shanu uku ne da makiyayin. Baba yakan ce ɗaya ce, ita ma ramammiya.

Aikina shi ne wutsiya. Mutum huɗu su tsaya a gaba suna ja, ni in zagaya ragowar igiyar sau biyu a jikin turke, in riƙa karɓe duk abin da suka jawo. In suka saki domin su huta, kayan gaba ɗaya yana hannuna. Na daɗe ina yi wa mutane alfahari cewa ni kaɗai na riƙe tankin da mutum huɗu suka sha wuya a kansa, sai wata rana Baba ya ce a gaban kowa ba ƙarfina ba ne ke riƙewa, kaushin igiyar ne ke cizon turken. Ya ce ni ado ne kawai, domin masu gida su ga ƙato su kwantar da hankali.

Dokokinsa biyu ne. Ta farko, da zarar kaya ya bar ƙasa ba mai magana sai shi. Wannan doka saboda ni aka kafa ta, kuma na sha azaba da ita. Ta biyu, ba a taɓa wucewa da kaya sama kai tsaye. Sai a ɗaga shi taƙi ɗaya kacal daga ƙasa, in riƙe a turke, kowa ya saki. Sai Baba ya zo ya ɗora tafinsa a kan igiyar, ya sunkuyar da kai, ya yi shiru kamar mai sauraron ciki. Wani lokaci har mai gida ya fara duba agogo. In ya gamsu sai ya ce a ja. Duk shekarun da na yi da shi ko bokiti bai taɓa faɗowa ba.

Idonsa ne ya fara cin amanarsa. Yana ce ta riƙa rufe masa idanun a hankali, har ya zama in an miƙa masa hannu sai ya gaisa da iska. 'Yarsa guda ɗaya ce, nas ce a Kafanchan, mu duka Sista muke ce mata. Mace ce mai kirki, mai kaifin baki, irin waɗanda ke duban hawan jininka da ido kafin su amsa gaisuwa. Ni kam duk zuwanta sai ta gaya mini ranar da zan faɗi. Ta daɗe tana so ta tafi da shi. Ta gyara masa ɗaki, ta sa masa fanka. Shi kuwa ya ce in ya bar igiya ya koma zaman jiran abinci, to a fara haƙa masa rami kawai.

Ana cikin wannan ja-in-ja sai cocinsu da ke Sabon Gari, can wajen Muchia, suka samu ƙararrawa. Babba ce, ta tagulla, wata tsohuwar majami'a ce ta ba su. Suka sa mai walda ya gina mata hasumiyar ƙarfe a harabar cocin, ya rage a ɗora ta. Wasu matasa suka ce a kira masu sarƙa, wato 'yan garejin da ke ɗaga inji da na'urar sarƙar ƙarfe. Dattawa suka ce ga ɗan'uwansu yana raye, shi zai ɗora. Baba ya dawo gida ran nan yana tafiya kamar an rage masa shekara ashirin.

A shagona suka yi yarjejeniyar, ina fere ƙafar kujera ina yin kamar ba na ji. Sista ta ce zai je a yi masa aikin ido tukuna. Ya yarda. Ta ce bayan haka ya ɗora ƙararrawarsa, in ta hau lafiya ta bar shi a Samaru, ba za ta sake tayar da maganar ba sai shi ya nema. In kuwa ba ta hau ba, ya tattara ya bi ta. Ya ce ya ji. Ta juyo ta ce, "Kafinta, kai ne shaida, tun da kunnenka ya fi hannunka aiki."

Da zai tafi asibiti ya kawo mini buhun, domin ɗakinsa na yoyo, damina kuma ta kankama. Ya ce in rataye igiyar a sama, kada ruwa ya taɓa ta. Iyakar abin da ya faɗa ke nan. Na buga ƙusa mai inci shida a bango na rataye ta.

Wanda bai san garar Samaru ba bai san gara ba. Takan cinye ƙofa ta bar maka fenti a tsaye, sai ka zo buɗewa hannunka ya wuce. Kwana huɗu da tafiyarsa na shigo da safe na ga sun ja hanyarsu ta jar ƙasa a bango, sun miƙe sak, saura kaɗan su kai ga igiyar. Na kankare hanyar, washegari suka sake ginawa. Sai na yi abin da kowane kafinta a garin nan yake yi tun kakanni suka ga mota. In za mu yi rufi, ba ma ɗora katako sai mun shafe shi da baƙin mai, wato tsohon man da aka juye daga inji. Gara ba ta kusantarsa. Ban yi shawara da kowa ba, domin a ganina ba abin shawara ba ne. Na karɓo galan guda wajen bakaniken da ke tsallaken titi, na juye a baho, na warware igiyar na tsoma ta. Ban shafa ba, tsomawa na yi, na bar ta ta kwana biyu tana sha, domin aikin Baba ba a yi masa rowa. Ta fito baƙa tana sheƙi. Na rataye ta ina kallonta ina jin daɗin kaina. Har na shirya yadda zan ba shi labarin yaƙin da na yi da runduna dubu saba'in.

Baba ya dawo da bandeji a ido ɗaya, Sista na riƙe da hannunsa. Ta zaunar da shi a bencina ta wuce gyara masa ɗaki. Ban kai ga buɗe baki ba na ga hancinsa ya motsa. Ya ce in miƙo masa igiyar. Na sauko da ita na ɗora masa a cinya. Ya shafa ta. Ya kama da hannu biyu ya murɗa ta baya har bakinta ya buɗe, ya tura yatsa can cikin zuciyarta, ya fito da shi ya murza da babban yatsa. Ya daɗe yana murzawa.

Na fara ba shi labarin garar, amma tun ban kai rabi ba muryata ta ƙanƙance. Bai yi faɗa ba. Da ya yi faɗa da na samu sauƙi. Tambaya ɗaya ya yi, kwana nawa ta yi a cikin man. Na ce biyu. Ya gyaɗa kai. Sannan ya ce a hankali, yana sauraron motsin 'yarsa a bayan shago, "Mayar da ita buhu. Kada ta ji."

Saura kwana tara a ɗora ƙararrawa. A kwanakin nan ban taɓa zarto ba. Mun wanke igiyar da ruwan zafi da garin sabulu, ruwan ya fito kamar kwatar gareji. Mun cuɗe ta da toka. Na binne ta a garin katako na kwana biyu, na tono, na sake binnewa a sabo. Muka shanya ta a inuwa, domin ya ce rana na ƙona ta. Sista ta koma bakin aikinta, sai ranar ɗora ƙararrawar za ta dawo, saboda haka ba wanda ya tambaye mu. A rana ta shida bayanta ya bushe, har ɗan kaushin ya dawo. Na ce Baba ai ta warke, ta fi da kyau ma. Ya ce bayanta ne ya warke.

Na ɗauke shi muka shiga kasuwar Sabon Gari neman wata. Mun bi layin masu kayan gini rumfa rumfa. Abin da ke akwai igiyar roba ce, shuɗiya, mai santsi, irin ta guga da ɗaurin kaya a mota. Mai kaurin ba ta shiga kwarin tayoyin, siririyar kuma tana tsalle ta fita. Wani Inyamuri mai shago ya fito da wata daga ƙarƙashin tebur, ya rantse da Turancin kasuwa cewa za ta ja tirela. Baba ya shafa ta, ya ja, ya mayar masa. A hanya ya gaya mini cewa ta roba miƙewa take yi ba ta faɗa maka ba, ranar da za ta tsinke kuma sai ta dawo kamar bulala ta sare wanda ke kusa. Tasa kuwa takan yi ƙara kafin ta gaji, shi kuma ya san muryarta. Ya ce da idonsa ne da sai ya gwada baƙuwa, amma yanzu da hannu da kunne yake gani, ba zai koyi sabon harshe a kwana uku ba.

Na ce to mu roƙi a ɗaga ranar, a aika Legas. Ya ce wa zai aika wa? Waɗanda ya sani duk sun tafi. Na ce bari in je in gaya wa Sista gaskiya. Ya ce in na kuskura, ya daina gaisawa da ni. Za mu je, za mu gwada ta yadda aka saba, abin da igiyar ta ce shi za a yi.

Ranar Asabar ce, da hantsi. Ban taɓa ganin taro irin wannan a wajen aikinmu ba. Matan zumunta sun yi anko, sun zo da ganguna da tulun kiɗa. An jera kujerun roba, dattawa a gaba, fasto na ta kai da kawo. Sista na tsaye a gindin mangwaro da jakarta a hammata. Ƙararrawar na zaune a kan katakai a gindin hasumiya, an goge ta har tana ɗaukar ido. Baba ya sa farar rigarsa ta zuwa coci. Mai walda ya hau ya rataye fulin sama, amma sai da Baba ya sa ya kwance ƙullin sau biyu, yana gaya masa daga ƙasa inda bakin igiya zai bi, kamar yana gani. Na ƙasa kuwa shi ya ɗaura da hannunsa. Na samu wani bututun ƙarfe da aka kafa a siminti, na zagaya wutsiya sau biyu. Baba ya zo ya laluba, ya ce in ƙara na uku. Bai taɓa cewa haka ba.

Fasto ya yi addu'a, ni ma na yi tawa a zuci. Baba ya ɗaga hannu, kiɗa ya tsaya. Ya ce a ja. Tayoyin suka yi kukansu, layi shida suka miƙe, ƙararrawa ta yi ɗan rangaji ta bar katako. Taƙi ɗaya. Ya ce in riƙe, kowa ya saki. Mata suka fara guɗa, ya sake ɗaga hannu suka yi shiru.

Ni na fara sani, domin a hannuna take. Da nauyin ya zauna a kanta sai igiyar ta matse, abin da ke ɓoye a zuciyarta ya fara fitowa. Na ga bututun yana yin baƙi a inda ta zagaya. Na ji tana tafiya a tafina, kaɗan kaɗan, kamar maciji mai jin sanyi. Na kafa ƙafa, na kwanta da duk jikin da Allah ya ba ni, jikin da nake ta alfahari da shi, amma ba ta fasa ba. Baba ya zo ya ɗora tafinsa a kanta. Bai daɗe ba wannan karon. Wani ɗigo ya faɗo daga fulin sama ya sauka a kafaɗar farar rigarsa, bai gan shi ba, ni na gani. Ya ɗaga hannunsa ya shinshina.

Na san abin da ke ransa, domin ni ma shi ke raina. Da mutum huɗu a gaba da ni a baya, wataƙila ta hau. Wataƙila. Amma a can sama dole a tsaya a riƙe ta har mai walda ya zura ƙarfen da zai ɗauke ta, kansa da hannayensa a ƙarƙashinta, mutumin da ke da mata da 'ya'ya uku. Ban san ko minti nawa Baba ya tsaya ba. Ni da nake iya mayar da minti ɗaya shekara, wannan ban san yadda zan auna shi ba.

Ya ce a kama, a sauke a hankali. Ƙararrawa ta koma kan katakanta, ta yi wata 'yar ƙara ƙasa-ƙasa. Sai ya juya wajen da yake jin dattawa suke, ya cire hularsa.

"Ku yi haƙuri," in ji shi. "Ba zan iya ba. Idona bai kai ba. Ku kira masu sarƙa."

Kaya ya sauka, doka ta ƙare, ina da damar magana. Bakina da ba ya rufuwa ko a gidan makoki, ran nan ya rufu. Na tsaya da baƙaƙen hannaye a bayana ina kallon ƙasa. Wani dattijo ya ce ba komai, tsufa ba laifi ba ne. Na ji wani matashi a baya yana cewa ai dama sun faɗa. Matan suka fara naɗe ganguna a zannuwa. Sista ta zo ta kama hannun ubanta, ba ta ce masa ga abin da na gaya maka ba, ta dai goge masa kafaɗa da hankici, tabon ya ƙara faɗi. Kafin la'asar masu sarƙa suka zo a bayan a-kori-kura, suka ɗora ta suna hira da dariya. Mu mun riga mun tafi.

Kwana uku Sista ta ba shi ya yi sallama da mutane. Ranar tafiya ina ɗaure masa katifa, ita tana naɗe kwanuka a tsohon zane, shi yana zaune a bakin gado da ba shimfiɗa. Sai na ji ba zan iya ba. Na ce Sista, ki tsaya ki ji. Na gaya mata komai, garar, bahon, kwana biyun, wankin da muka yi a ɓoye. Na ce ba idonsa ba ne, hannuna ne, kuma ni da aka sa shaida ina shaida cewa yarjejeniyar ba ta faɗa kansa ba.

Ta ajiye kwanon da ke hannunta. Ta dube ni har na gwammace ta zage ni. Sannan ta durƙusa a gaban ubanta ta tambaye shi ko gaskiya ne. Ya ce gaskiya ne. Idonta ya kawo ruwa. Ta ce in haka ne ita ba za ta riƙe shi da maganar da ba a yi adalci a cikinta ba. In yana so ya zauna, ya zauna, za ta nemi wanda zai samo masa igiya ko daga ina ne.

Na fara kwance katifar.

Baba ya ce in mayar da ɗaurin. Ya ce abin da aka yi magana a kai shi ne ƙararrawa ta hau, kuma ba ta hau a hannunsa ba. Ya ce shi ya ba kafinta ajiyar igiya, ya ce kada ruwa ya taɓa ta, bai ce mai ba, alhali ya san abin da kafintocin garin nan ke yi in sun ga gara. Da can ba zai manta da wannan ba. Mutumin da ya fara manta irin wannan, gobe wani abu zai manta, kuma wani ne zai kasance a ƙarƙashin kayan.

"Kai ma ka daina wannan fuskar," ya ce da ni. "Don ka so ni ka yi. Ɗauki katifar."

Na ɗauka. Na kai su tasha, na zaunar da shi a gaba kusa da direba, buhun fulinsa a kan ƙafafunsa, domin ya ƙi a sa shi a but. Na tsaya a bakin taga ina neman abin dariya da zan faɗa, ban samu ba. Mota ta cika ta tashi.

Sau ɗaya na je ganinsa, bayan kamar wata takwas. Gidan Sista fes, da furanni a gwangwani. Na same shi a baranda cikin kujera mai laushi, an yi masa aski, ya ɗan yi ƙiba, hannayensa biyu a kan gwiwa. Da na kama su mu gaisa sai na ji sun yi taushi kamar na malamin ofis. Aikin idon bai yi wani amfani ba, ɗayan ma ya rufe. Sista ta ce yana cin abinci, yana shan magani, ba ya ba kowa wahala, sai dai yakan wuni bai ce uffan ba.

Na zauna na zuba masa labaran Samaru, na gaskiya da waɗanda na ƙera a mota. Ya yi dariya inda ya kamata, irin dariyar da ake yi wa baƙo. Can sai ya tambaye ni ko na bi ta wajen cocin. Na ce na bi. Ya ce yaya ƙararrawar ta zauna.

Na ce Baba, kada ka so ka gani. Sun rataye ta a karkace kamar hular ɗan tasha. In an buga ta ƙararta kamar an jefar da murfin tukunya, karnukan Muchia ma sun daina ɗaga kai. Dattawa kullum suna cewa da Baba ne.

Ya bar ni na gama. Sannan ya juyo da fuskarsa wajena ya ce, "Ɗana, yau ɗaya dai, faɗa mini yadda take."

Na ce ta zauna daidai. Na ce ranar Lahadi in iska ta juyo ana jin ta har bakin kasuwa, kuma muryarta na da daɗi.

Ya ce to madalla. Ya gyara zaman hannayensa a kan gwiwa. Can Sista ta kawo abinci, na ci kaɗan, na ce zan kama hanya kada mota ta ƙare.

Da damina ta zagayo Sista ta bugo mini waya ta ce Baba ya tafi, cikin barcin rana, a kujerar nan. Na rufe shago na je jana'iza. Na tsaya a baya, inda ba zan tare wa kowa ba.